Gwangwani Mai Jan Zare

Litinin, 3 ga Maris 1975, da hantsi

Wata mata ta zo yau. Ba 'yar garin nan ba ce: siket, jakar fata, kai babu ɗankwali. Habsatu maƙwabciyata ce ta shigo da ita daga zaure, tunda ni takaba ta hana ni leƙa ƙofa. Ta ce sunanta Léontine, daga Yawunde take. Hausarta irin ta masu sayen tsire ce, wai a unguwar Hausawan can ta koya. Ta yi mini gaisuwar rashinka, ta kama sunanka gatsau. Na sunkuyar da kai.

Wai aikinta neman tsofaffin fina-finai. Ana haɗa wani sabon fim a kan kogin Binuwai, suna son hoton tashar jirgin ruwa ta Garuwa yadda take kafin mulkin kai, lokacin da jirage ke hawowa da damina su kwashi auduga da gyaɗa. Ta je ofishinku, an ce mata duk tsofaffin an ƙone su. Amma a Yawunde wani ya ce mata, ki nemi mai majigin Garuwa, shi ba ya ƙona fim.

Malam, wa ya san haka a Yawunde?

Na ce ban san komai a kan aikinka ba. Ta sha ruwa, ta yi godiya, ta miƙe. Kafin ta fita ta juya ta dubi ƙofar ɗakinmu. Na gan ta.

Litinin, bayan La'asar

Gwangwanayen fim ɗinka suna nan a ƙarƙashin gado, kan yashin da kake jiƙawa don su yi sanyi. Na yayyafa masa ruwa yadda kake yi. Ban taɓa mai jan zaren ba.

Laraba, 5 ga Maris, da Azahar

Yaya Idrisa, wanka, ya zo daga mayanka, ko wanke hannu bai tsaya yi ba. Ya tsaya a bayan labule.

"An ce wata 'yar kudu ta shigo gidan nan."

"Gaisuwa ta zo yi, Yaya."

"Gaisuwa daga Yawunde, bayan wata uku? Karimatu, ni mahauci ne, ba jaki ba."

Ya ce ya san abin da ƙaninsa ya ajiye. Ya ce ya ƙyale ne don kada a ce ya shiga ɗakin mai takaba, amma ranar da na fita zai zo da kananzir. "Abin da ya faru ya isa. Ina da 'ya'ya a garin nan."

Yana da gaskiya, abin da ya fi ba ni haushi ke nan.

Juma'a, 7 ga Maris, da safe

Mota ta tsaya a bakin layi, ba a kashe ta ba. Na zauna da tsintsiya a hannu har ta wuce.

Asabar, 8 ga Maris, da yamma

Léontine ta dawo. Wannan karon da akwati a hannu. Na shimfiɗa mata tabarma nesa da ɗaki, gindin dalbejiya. Ta zauna, sannan ta ce, "Madam, ba sai kin nuna mini ba. Tun ranar farko na ji warinsu."

Habsatu ta yi caraf ta ce, "Tsamin gasara ne, jiya muka jiƙa gero."

"Mama, na san gasara," in ji Léontine. "Wannan tsamin fim ne. Idan fim ya fara mutuwa haka yake yi."

Ta ce zafin Garuwa yana cinye shi. Wai in aka bar su bazara ɗaya ko biyu nan gaba, za su manne da juna kamar alewa, ba mai iya warwarewa. Ko ban ba ta ba, ta ce, in daina jiƙa yashin sosai, danshi ma yana kashe su.

Na daɗe ina jin warin nan, Malam. Na zaci ɗakin ne ya canja tunda ka bar shi.

Amma wanda ke son ka buɗe masa ƙofa ai haka zai ce, gidanka na ci da wuta.

Litinin, 10 ga Maris, da hantsi

Littafin nan naka ne, wanda kake rubuta garuruwan da kuka kai majigi. Rabinsa fari. Aji uku na yi a lakwal, makarantar boko, kai ka ƙarasa koya mini a kan tabarmar nan, kana dariyar yadda nake juya harafi. Ga shi yanzu ba ni da wanda zan gaya wa sai takarda.

Ban yi barcin kirki ba. Zafi.

Talata, 11 ga Maris, bayan La'asar

Na ba Léontine gwangwani guda ɗaya, don in ga abin da za ta yi. Ba mai jan zaren ba. Na kasuwar shanu ne, na san babu wanda ake nema a ciki.

Ta sa farar safar hannu kamar likita. Ta buɗe, ta shinshina, ta ɗaga bakin fim ɗin ga hasken rana da wani ɗan gilashi a ido. Ta ce a gefensa akwai ƙananan alamu da ke nuna shekarar da aka yi shi. Ba ta ja ba, ba ta fizga ba. Inda ka haɗa tsinkakke ta tsaya ta shafa da yatsa, ta ce, "Hannunsa mai kyau ne." Na kau da kai.

Sai ta fito da takarda ta fara tambaya.

"Ina ne nan? Wace shekara? Wannan mai rawanin, wane ne?"

Haka 'yan sandan farin kaya suka tambaye ni ranar da suka zo da baƙar mota suka birkice ɗakin, da hoto a hannun ɗayansu. Ina ne nan, wace shekara, wane ne wannan. Har jerin tambayoyin iri ɗaya.

Na ce ban sani ba. Ban sani ba. Ban sani ba.

Ta ce ba komai. Ta ce dole ne ta tambaya, domin fim ɗin da ba a san abin da ke cikinsa ba, kowa sai ya laƙaba masa abin da ya ga dama. Wai an taɓa sa jiragen Duwala a wani fim aka ce Garuwa ce, har da teku a baya. Habsatu ta yi dariya har da buga cinya, ta ce, "Teku a Garuwa? Mu da Binuwai ke zama yashi da rani har jaki ya tsallake!"

Ni ban yi dariya ba.

Alhamis, 13 ga Maris

Ba ta zo ba. Na rasa ko daɗi na ji.

Juma'a, 14 ga Maris, bayan an sauko daga masallaci

Habsatu ta yo mini bincike ba tare da na aike ta ba. Matar a wajen sistocin mishan take kwana, ba a gidan saukar gwamnati ba. Tana cin abinci a kasuwa. Kullum da safe tana bakin kogi wajen tsofaffin 'yan dako, tana nuna musu hotuna tana tambayar sunayen jirage.

"'Yar leƙen asiri za ta tambayi sunan jirgi? Jirgi za ta kama?" in ji Habsatu.

Na ce, "Da jirgi ake farawa."

"Ke dai, Karimatu, ko inuwarki ta bi ki sai kin tambaye ta wa ya aiko ta."

Ita mijinta yana dawowa da Magariba. Ba a taɓa tafiya da shi aka dawo da shi ba ya magana ba.

Lahadi, 16 ga Maris, da hantsi

Na buɗe mai jan zaren.

Na ja ƙofa na bar ɗan tsagi, na warware kaɗan yadda ka nuna mini farkon zuwana gidan nan. Warin ya fi na sauran. Gefensa ya fara lanƙwasa kamar ganyen da ya sha rana. Ba ƙarya ta yi ba a kan wannan.

Ga ka nan, ƙarami kamar ƙwayar gero. Ɗan dako a bakin kogi, ranar da wani Bature mai kamara ya zaɓe ka ka ɗaukar masa ƙafafun na'urarsa. Daga ranar ka bar dako ka bi fim har ƙarshen ranka. Na san labarin kamar karatun sallah.

Kuma ga wancan a gefenka, hannunsa a kafaɗarka. Abokinka. Wanda daga baya ya riƙa tara ma'aikata yana magana. Wanda matarsa ta koma ƙauye bayan an kama shi, ba wanda ya raka ta tasha. Duk inda kake a fim ɗin yana nan. Ba a raba ku.

Katin shaidarka sun tafi da shi, da hoton da ke kai. Kai kullum a bayan na'ura kake, ba ka taɓa zama an ɗauke ka ba. In ban da wannan, babu fuskarka a ko'ina a duniya.

In na ajiye, tsami ya cinye ka. In na bari, Yaya ya ƙone ka. In na ba ta, ban san hannun da za ka faɗa ba, da kai da mu.

Lahadi, da Magariba

Yau na tsaya ina neman yadda kunnenka yake, na kasa.

Talata, 18 ga Maris, da safe

Motar ta sake tsayawa. Habsatu ta leƙa, ta ce direban kamfanin auduga ne, yana neman wata bazawara a layin baya. Wataƙila.

Laraba, 19 ga Maris, bayan La'asar



Léontine ta zo sallama, wai mako mai zuwa za ta koma. Ta kawo mini na kasuwar shanun, ta goge shi ta sake naɗe shi. Ba ta roƙi komai ba. Ban san abin da ya shiga kaina ba, na tashi na ɗauko mai jan zaren na ajiye a gabanta.

A akwatinta akwai wata 'yar na'ura mai gilashi kamar tafin hannu, da fitilar batir, ana juya ta da hannu. Muka shiga inuwar rumfa. Ta saka, ta fara juyawa a hankali.

Jirgi, hayaƙi, dilolin auduga. Ta ce, "Shi ne! Wannan nake nema tun Janairu." Sai kamara ta juya.

Malam, ka yi motsi.

Ka sauke ƙafafun na'urar daga kafaɗa, ka goge fuska da hula, ka dubi mai ɗauka ka yi dariya, da gibin nan naka. Ban san na yi ƙara ba sai da Habsatu ta riƙe ni.

Léontine ta tsayar da hannu. Ta ce, "Wannan mai dariyar, wane ne?"

Na yi shiru.

"Madam, sunansa kawai."

Bakina ya san sunan, amma bai taɓa fitar da shi ba tun ranar da aka kawo ni. Ta ajiye alƙalami, fuskarta ta canja. "Har wannan ma ba ki sani ba? Kina kuka a kansa kina ɓoye mini shi? Me kika ɗauke ni?"

Habsatu ta ce, "Ke Madam, mijinta ne fa! Mace tana kama sunan mijinta? A ina aka raine ki?"

Ta dube ni, ta dubi Habsatu. Ta rufe baki da farar safar. Ta ce ita a gidansu uwarta tana kiran ubanta Louis daga ƙofa har bakin titi, ba ta taɓa sanin haka ba. Ta ce, "Kuma na yi ta faɗin sunan a gabanki. Ki yafe mini. Na zaci kin ɗauke ni 'yar sanda ce."

"To ba ita ba ce?" in ji Habsatu.

Léontine ta yi dariya kaɗan, dariyar ba ta ƙarasa ba. Ta mayar da ido kan gilashin, kan hannun da ke kafaɗarka. Na jira ta tambaya. Ba ta tambaya ba.

Ta ce da ƙaramar murya, "Wannan na san shi. An ce duk inda muka ga fuskarsa a cire."

"Sai ki cire," na ce.

"In na cire shi na cire mijinki, wuri ɗaya suke. Kuma ni ba na sa almakashi a tsohon fim."

Ta gaya mini yadda ake yi. Za ta kai shi a kwafe shi a kan sabo. Mai haɗa fim za ta ba shi wajen jirgi da auduga kawai, shi abin da ya aike ta nema ke nan. Sauran ya koma gwangwani, gwangwani ya shiga ɗaki mai sanyi tare da ɗaruruwa irinsa.

Na ce, "In wani ya buɗe fa?"

"Zai iya. Ba zan yi miki ƙarya ba." Ta ce a murfin kowane gwangwani ana rubuta abin da ke ciki. Tana iya rubuta, 'yan dako, ba a san su ba. Hakan ya fi kwanciyar hankali ga gidan nan.

Na karɓi abina na mayar ƙarƙashin gado. Ba ta hana ni ba.

Asabar, 22 ga Maris

Mai gaskiya za ta ce zai iya. Mai wayo ma haka za ta ce.

Litinin, 24 ga Maris, da Azahar

Ba a san su ba.

Tun safe maganar ke yi mini yawo. Ranar jana'izarka mutanen ofishinku ba wanda ya zo sai direba, shi ma daga nesa ya tsaya. Waɗanda ka kai wa majigi har ƙauyukansu, waɗanda ka shigar kyauta, a kasuwa in an ambace ka sai su dubi ƙasa. Garin nan duk ya riga ya rubuta haka a kanka. Ni ma ranar baƙar mota, da suka nuna mini hoton wancan, abin da na ce ke nan.

Laraba, 26 ga Maris, da yamma

Gobe nake fita takaba. Habsatu ta kawo sabon zane da sabulu. Na aika ta mishan ta ce wa matar ta zo da na'urarta da hantsi. Na aika wa Yaya ma.

Alhamis, 27 ga Maris, bayan La'asar

Na yi wanka, na sa zanen, mata sun zo an yi addu'a an raba waina, sun watse.

Yaya Idrisa ya shigo da kwalbar kananzir a hannu kamar yadda ya yi alkawari. Ya ga Léontine a rumfa, ya tsaya cak.

"Karimatu, me ke nan?"

"Yaya, kafin ka ƙona, ka duba sau ɗaya. Bayan nan duk abin da ka ce."

"Ni ba na kallon silima, kin sani."

"Ba silima ba ce. Ƙaninka ne."

Ya daɗe a tsaye. Sannan ya ajiye kwalbar ya tsuguna, babban mutum kamarsa, ya kanga ido da hannu. Léontine ta fara juya na'urar. Ina kallon ƙeyarsa. Jirgi ya wuce, auduga ta wuce. Sai na ji ya ce, "Kai! Hular nan tawa ce. Ɓarawo. Ya rantse mini a kogi ta faɗa."

Ya ce ta mayar baya. Ta mayar. Ya ce ta sake. Na san ya ga hannun da ke kafaɗarka, don wuyansa ya ƙage a daidai wurin. Ya miƙe ya share fuska da gefen riga, ya dubi matar sama da ƙasa.

"Ke, 'yar wa ce?"

"Ubana ma'aikacin gidan waya ne, Baba. Ya rasu."

"In wani abu ya biyo bayan wannan, Allah yana gani."

"Na sani, Baba."

Ya ɗauki kwalbarsa. A bakin zaure ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Ni ban zo gidan nan yau ba."

Ta naɗe fim ɗin, ta sa a sabon gwangwani. Na ce ta ɗaura jan zaren a kai, ta ɗaura. Ta fito da alƙalami ta rubuta Garuwa, tashar jirgin ruwa, da shekarar da ta karanta a gefe. Ta ce, "'Yan dako, ba a san su ba. Haka ne?"

Na ce a'a.

Na ce ɗayan ta bar shi, ba ni da ikon ba da shi, matarsa tana raye. Amma mai dariyar a rubuta.

Ta ce, "Kin tabbata? Na san sunan, ba sai kin faɗa ba." Habsatu ma ta buɗe baki za ta faɗa mini. Na ɗaga mata hannu. Matar nan ta ce duk abin da take rubutawa sai ta sa daga bakin wa ta ji. To ta ji daga bakin wadda ta san ka.

Na faɗa. Muryata ta fito kamar ta wata. Habsatu ta ce "La ila!" ta rufe fuska da mayafi. Rumfa ba ta faɗo ba.

Asabar, 29 ga Maris, da safe

Ta tafi da motar Ngaundare, daga can jirgin ƙasa. Sauran gwangwanayen ma na ba ta. Ta ce in an kwafe za ta aiko mini da hotonka a takarda, kai kaɗai. Ban sani ba ko za ta aiko. Ban sani ba ko wasu ne za su zo a madadinsa. Ɗazu mota ta tsaya a bakin layi, na ci gaba da shara.

Na kwashe yashin ƙarƙashin gado na zubar. Ɗakin ya daina wari, sai ya yi mini girma.

Ka yafe mini rashin kunyar shekaranjiya, Malam. Tunda na riga na fara, bari in ƙarasa, da hannun da ka koya wa rubutu.

Halliru.